Taken Yaya

Jikata ce ta ja ni, in ba haka ba me zai kai tsoho irina gidan kallon fim a Wustul Balad, can tsakiyar birni? Rabona da silima tun ina ɗalibi a garin nan na Alƙahira, lokacin gashin kaina baƙi wuluk. Ranar ta same ni bayan La'asar a gidan saman da muke haya a unguwar Hay el-Sabi', na zuba wa waya ido kamar wanda aka aiko wa da saƙon mutuwa. Hoto aka turo mini daga gida. An rushe ɗakin mahaifiyarmu, Inna, Allah ya jiƙanta, za a ɗora na bulo a wurin. Ba laifin kowa ba ne, ɗakin ya tsufa, gara ta cinye azarar, yara kuma sun yi yawa a gidan. Ni dai na kasa cin abinci.

"Yalla, angona, tashi ka sa babbar riga," in ji ta. "Yau yawon amarci zan kai ka."

Na ce, "Ke tafi can, ai na sake ki tun jiya. Matar da ba ta iya dama kunu ba?"

"Ma'alish, yi haƙuri ka mayar da ni na yau kaɗai. Tsofaffin finafinan Sloveniya za a nuna, malaminmu ya ce dole mu gani, ni kuma ba zan shiga jirgin ƙasa na metro ni kaɗai ba."

Harkar fim take karantawa a jami'a, abin da a zamaninmu in yaro ya ce shi zai karanta sai a kai shi a yi masa tofi. Na tambaye ta ina ne kuma Sloveniya, ta ce wata 'yar ƙasa ce a Turai mai duwatsu da dazuzzuka, a da tana cikin wata babbar tarayya da ta wargaje. Na ce to, Allah ya ba su lafiya. Na tashi ne kawai don kada a ce na ƙi amarya.

Fim ɗin baƙi da fari ne, hoton yana rawa, ga zane-zanen tsufa suna sauka a kai kamar yayyafi, an rubuta fassara da Larabci a ƙasa. Ba wasan kwaikwayo ba ne, mutane ne na gaske aka ɗauka bayan yaƙin duniya na biyu. Da farko aka nuna ƙauyuka ƙurmus, bango tsaye ba rufi, gada ta karye ta kwanta a cikin kogi. Sai ga samari da 'yan mata sun fito ɗuu, wasu ko takalmi babu, kowa da shebur ko diga a kafaɗa, 'yan matan sun ɗaure ɗankwali a ƙarƙashin haɓa. Suna fasa dutse don hanyar jirgin ƙasa, suna tura baro a guje a kan katako, suna kafa sabon gari a filin da babu komai sai ciyawa. Wani yana bin su da abin kiɗan nan da ake rungumewa a ƙirji ana ja ana matsawa kamar zugazugin maƙeri. Mai bayani kuwa sai zuba yake kamar maroƙin da aka yi wa kyautar riga. Har na fara gyangyaɗi, sai aka nuno su sun yi layi suna miƙa bulo daga hannu zuwa hannu, na ƙarshe yana jefa wa wanda ke kan bango. Nan barci ya gudu. Na gyara zama, na ce a raina, af, ashe gayya ce aka kawo ni kallo.

Can sai aka tashi nakiya a jikin wani dutse. Ƙura ta turnuƙe, yaran suka ɗaga huluna suna sowa. A gefen hoton, can ƙurya, wani dogon saurayi ya yar da shebur, ya durƙushe, ya rufe kansa da hannu biyu. Mai ɗaukar hoton ya yi maza ya kawar da na'urarsa. Na yi ta neman yaron nan a kowane layi har aka kunna fitila, ban sake ganinsa ba. Wallahi sai da na sa bakin riga na share ido.

Da muka fito muka zauna shan shayi a gefen titi, motoci na ta ham kamar za su tsaga kunne, jikata ta ce, "Kaka, kuka ka yi? Ai duk farfaganda ce. Gwamnatinsu ce ta sa aka ɗauka, shi ya sa kowa yake dariya."

Na ce mata na sani, ba yau aka haife ni ba, ana iya ce wa mutum ya washe haƙora in an nuna shi. Amma hannuwan nan da na gani sun iya aikin, don wanda ya saba da layi ba ya kallon bulon da ke hannunsa, na gaba yake jira. Allah kaɗai ya san abin da yaran nan suka binne kafin su ɗauki shebur. Na ce mata ni ba don masu dariyar na yi hawaye ba, yayana na gani a ƙuryar hoton, wanda saura ƙiris a sa shi a turu.

Ta ajiye kofinta. "Turu kuma? Ba ka taɓa gaya mini ba."

Ban taɓa ba kam. Yaran yanzu ina za su gane? Ta tashi a garin da ake gini da na'ura mai ɗaga siminti hawa goma, ma'aikaci bai san mai gidan ba, mai gidan bai san wanda ke bayan bangonsa ba. Shekara nawa nake a benen nan, na ƙasa da ni sai dai mu ce tamam, tamam, wato lafiya lau, a matakala mu wuce. Abin da ya rage mai kama da na da shi ne in ɗalibanmu 'yan Najeriya da na Nijar za su sauya gida, sai ka ga sun yi layi a matakala suna miƙa katifa da littattafai, suna ta surutu da Hausa da Larabci da Faransanci a cakuɗe. A gida ma an ce mini haka abin ya koma, lebura ake ɗauka, a kunna masa waƙa a waya. Mu kuwa da muka tashi, ba a sayen ginin ɗaki. In an gama girbi, sarkin samari zai bi gida-gida ya ce ranar kaza gayya gidan wane. Tun kafin ranar an haƙo ƙasa daga kududdufi, an jiƙa, mun tattake ta da ƙafa da busasshiyar ciyawa, an mulmula tubali an shanya su jere a rana kamar tantabaru sun sauka kiwo. Har yau in na rufe ido ina jin caɓal-caɓal ɗin laka tsakanin yatsun ƙafata, da ƙarar tulunan 'yan mata suna juye ruwa, da ƙamshin kunun tsamiya da ake kawo mana da hantsi.

Abin da ke tuƙa gayya kuwa ganga ce. Muna da wani tsohon makaɗi, mai ido ɗaya, kowane saurayi a garin yana da takensa a wurinsa, wato ɗan kiɗan da yake nasa shi kaɗai. Ƙa'idar garinmu ita ce in an kaɗa takenka aiki ya tsaya cak, ba mai motsi sai ka fito ka amsa da aiki, sannan kowa ya bi. Saurayin da aka kaɗa takensa bai amsa ba, a gaban 'yan mata, gara masa ya bar garin. Yayana, ɗan farin Inna, shi ne gwanin jifan tubali. In bango ya wuce kai, magini yana zaune a samansa kamar mai hawan jaki, Yaya ne ke tsayawa a ƙasa yana wurga masa, tubali ya tafi a hankali ya sauka a tafin magini kamar an ajiye. Gangar takan ce masa, "Dogo, Dogo, miƙa sama!" Ko yaron goye a garin ya san wannan kiɗan.

Sai yaƙin basasa ya zo, Yaya ya shiga soja tare da wasu samarin. Bayan wani lokaci wani da ya dawo da rauni ya ce da idonsa ya ga Yaya ya faɗi a bakin wani kogi. Aka yi zaman makoki, aka yi sadaka. Mahaifinmu ya riga ya rasu, ƙaninsa, Baffa, shi ke riƙe da gidan. A al'adarmu ba a barin take ya bi mai shi kabari in yana da ƙane, don haka makaɗin ya kira ni ya ce daga yau nawa ne. Ni da ban kai Yaya tsawo ba, na dage na koyi jifa har kafaɗata ta kumbura. Ba zan ɓoye ba, na ji daɗin taken nan. In an kaɗa shi sai in ji kaina ya yi girma, 'yan matan da a da ba su san ina duniya ba suka fara aiko mini da gyaɗa.

Bayan an gama yaƙi, wata ranar kasuwa, sai ga Yaya ya sauko daga mota a tasha, ya rame ya zama kamar sanda, da ɗan buhu a hannu. Garin ya ruɗe. Wasu suka gudu, wasu suka riƙa taɓa shi don su tabbatar mutum ne. Murnar ba ta daɗe ba. Yaya ba ya magana, ko uffan. Zai zauna a gindin rumbu tun safe yana kallon ƙasa, in an ba shi abinci ya ci, in ba a ba shi ba shi ke nan. Ƙyaure ya buga da ƙarfi, sai ka gan shi kwance rub da ciki, hannu a ka. Inna ta daina daka a gidan, sai ta ɗauki turmi ta kai maƙwabta. Rannan wani abokinsa ya zo ta baya ya dafa shi da wasa, kafin a ankara Yaya ya kayar da shi ya shaƙe masa wuya, da ƙyar aka ɓamɓare shi. A ranar Baffa ya yanke magana. Akwai wani mai magani a wani ƙauye da ake kai masu taɓin hankali, a sa ƙafarsu a turu, wato gungumen icen da ake huda wa a kulle ƙafar mutum a ciki. Mun san waɗanda aka kai can, ba mu san wanda ya dawo da hankalinsa ba.

Kada a ɗauka Baffa mugu ne. Tsoro yake ji, gidan cike yake da yara ƙanana. "Yau wuyan babba ya kama," in ji shi, "gobe in na yaro ne fa? Me zan ce wa mutane?"

Inna ba ta da bakin roƙo, don ɗan fari ne, ko sunansa ba ta faɗa, balle ta tsaya gaban ƙanin miji ta yi masa kuka. Amma damina ta wannan shekarar ta kayar da ɗakinta tare da ɗakuna da yawa a unguwar, samari suna bi gida-gida suna tayarwa. Sai ta ce daga bayan zana, murya ƙasa-ƙasa, "Malam, a bari a tayar mini da ɗaki tukuna. Ba na so a fita da mutum daga gidan nan ina kwana a ɗakin aro."

Baffa ya ce, "To. Ranar da aka gama, washegari mai mota zai zo." Ni kuwa tun daga ranar na tsani ganin tubalin nan yana bushewa.

Ranar gayyarmu ta zo. Tun da safe aka fara musu a ƙofar gida, wasu suna cewa kada a kaɗa ganga saboda Yaya, sarkin samari yana cewa shi bai taɓa ganin gayya ba kiɗa ba. Makaɗin kuwa ya wuce su. Ya shigo ya zauna nesa da rumbu, ya soke sandar kiɗansa a ɗamara, ya riƙa taɓa fatar da yatsu kawai, a hankali, kamar mai lallashin jariri. Na saci kallon Yaya, na ga kafaɗunsa sun ɗaga, amma bai kwanta ba. Aka ja layi daga inda tubali yake zuwa gindin bango, aiki ya kankama, laka na tafiya, 'yan mata na kawo ruwa, ana tsokanar juna. Ni kaɗai nake aiki kamar an ɗaura mini dutse, don kowane tubali na miƙa, na san mai mota nake matsowa da shi.

Da rana ta take, bango ya wuce kai, magini ya hau ya zauna ya buɗe hannu. Lokacin jifa ya yi. Aka miƙo mini tubali, na tsaya a gindin bango. Makaɗin ya zaro sandarsa, ya dube ni da idon nan nasa guda, sannan ya saki kiɗan da ƙarfinsa: Dogo, Dogo, miƙa sama! Layi ya tsaya cak. Jikina har ya fara amsawa, hannuna ya yi baya zai wurga. Sai na hango Yaya. Kansa a ɗage yake, wanda rabon da in ga haka tun ranar da ya sauka a tasha, babban yatsan ƙafarsa yana motsi a cikin ƙasa. Ba wanda ya ce mini komai, ba mu shirya da makaɗin ba. Na sauke hannuna na tsaya.

"Kai, ba ka ji ba ne?" in ji sarkin samari. "Takenka ake kaɗawa!"

Na yi kamar ba da ni yake ba. Makaɗin ya sake kaɗawa. Magini ya ce daga sama, "Haba, laka tana bushewa fa!" 'Yan matan suka fara dariya a bayan hannu, na ji wata ta ce ashe ƙanen ma ya taɓu. Kunya ta rufe ni, gumi yana bin bayana, na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Baffa ya taso daga inuwa yana gyara hula. "Wannan wane irin iskanci ne? Za ka jefa ko sai na zo?"

"Baffa, ba nawa ba ne," na ce. "Mai shi yana nan."

Tsakar gidan ta yi tsit, sai gangar kaɗai. Tsohon nan bai gaji ba, ya yi ta maimaitawa, yana rage ƙarfi yana ƙarawa, jijiyar wuyansa ta tashi. Daga baya ya ce mini shi ba Yaya yake kira ba, ƙafarsa yake kira, don ita ba ta je ta ga abin da idonsa ya gani ba. Ban san tsawon lokacin da muka ɗauka a haka ba. Na dai ga Yaya ya dafa rumbu ya miƙe. Yara suka watse, mata suka ja baya, wani ya ɗauki taɓarya ya riƙe a ɓoye, na gan shi. Yaya ya tako a hankali har gabana, bai kalle ni ba, ya karɓi tubalin daga hannuna. Ya auna shi, ya wurga. Bai kai ba. Ya bugi bango ya faɗo ya tarwatse, da ƙara kuwa. Na ce shi ke nan, yanzu zai kwanta a ƙasa a gaban kowa, gobe a tafi da shi.

Ya tsaya yana kallon gutsattsarin. Sai ya sunkuya ya ɗauki guda ya murje shi da yatsu.

"Wa ya yi wannan?" in ji shi. Muryar a dushe, kamar ƙyauren da ya daɗe a rufe. "Ciyawar ta yi kaɗan."

Na ce, "Ni ne, Yaya."

"Ai na sani. Miƙo wani."

Na miƙa masa. Wannan karon tubalin ya tashi ya sauka a tafin magini, tas. Wata tsohuwa ta rangaɗa guɗa, layi ya motsa, ni na koma mai miƙa masa. Bai sake cewa komai ba har aka ɗora azara da yamma, amma bai tsaya ba, in ya juyo hannunsa a buɗe yake yana jiran na gaba. Ni kuma kuka nake ina miƙawa, ban damu da wanda ya gani ba.

Ba zan ce ya warke sarai ba, ƙarya ne. Har ya tsufa ba ya son a zo masa ta baya, ranar sallah in za a buga bindiga gona yake tafiya. Amma ya yi aure, ya haifi 'ya'ya, ya jefa tubali a rabin ɗakunan unguwarmu. Makaɗin ya ce zai yi mini nawa taken, kafin ya yi na sami tafiya karatu, tafiyar da ta ajiye ni a nan har na tsufa, don haka ni ba ni da take, kuma ban taɓa jin na yi asara ba. Yaron nan na Sloveniya nake ta tunani. Ban san ko a cikin masu dariyar akwai wanda ya tsayar da layi ya jira shi ba. Ina yi masa fatan an samu.

Duk wannan daga baya ne. A ranar ba mu san abin da Baffa zai yi ba, don har aka watse bai ce komai ba, shi kuma mutum ne da ba ya mayar da maganarsa. Washegari da sassafe muka ji ƙugin mota a ƙofar gida. Na fito da gudu. Mai motar ya leƙo yana cewa a fito da mara lafiyar, rana tana yi. Ga igiya a bayan motar, na gan ta da idona. Baffa yana zaune a zaure da carbi, Yaya yana tsugune a tsakar gida yana wanke laka daga ƙafarsa. Baffa ya daɗe yana kallonsa ta ƙofar zaure. Sannan ya tashi ya fita wurin mai motar, ya ba shi hannu, ya ce ya yi haƙuri da wahalar da aka ba shi.

"Ba inda za shi," in ji Baffa. "Jibi akwai gayya gidan liman. In ka tafi da shi, wa zai yi musu jifa?"